Sarkin Habasha na cikin kaset ɗin Kawu, ashe Earl Cameron ne sunanshi

A azumin da ya wuce ne, mun dawo daga asham, an ɗauke wuta tun la'asar ga zafi ya hana kowa zaman ɗaki, sai muka shimfiɗa tabarma a tsakar gida nan Agege, na jingina wayata da gwangwanin madara na kunna wa yara fim ɗin nan na tarihin Musulunci, The Message, wanda wasu ke kira Arrisala. Muna cikin kallo aka zo inda sahabbai suka tsaya gaban sarkin Habasha, sai babbar 'yata ta taɓo ni tace Baba wanene wannan? Nace Najjashi mana, ba a koya muku a islamiyya ba? Tace a'a Baba na san Najjashi, shi wannan mutumin da ya sa kayan sarkin nake tambaya, ya sunanshi. Wallahi shiru nayi. Kusan shekara talatin ina kallon fuskar bawan Allahn nan, na san yadda yake ɗaga gira, na san yadda yake saukowa daga karaga da sanda a hannu, amma ko sau ɗaya bai taɓa zuwa min a rai in tambayi sunanshi ba.

Kaset ɗin farko da na gani na Kawu ne, yayan mahaifiyata. Kawu ya shafe shekara ashirin da wani abu yana gadi a wani gida a Ikoyi, a bakin masu gidan ya tsinci turanci, to shi ne mai fassara na unguwa. Talabijin ɗinshi kullum a lulluɓe take da wani farin kyalle mai aikin saƙa, in za a kalla sai ya yaye kyallen ya ninke shi huɗu, ya buɗe bakin bidiyo ya hura, in hoto yana rawa ya ɗiga turare a hankici ya goge kan injin, mu yara muna zaune a ƙasa gwiwa na gogar gwiwa, mata kuma suna bayan labule. Fim ne dogo, kusan awa uku, amma a wurin Kawu sai ya kai biyar domin duk magana sai ya tsayar ya juya mana ita da Hausa, wani lokaci ma ya ƙara da wa'azi. Wuri ɗaya ne kawai ba ya tsayarwa kuma ba ya fassarawa, wato inda Ja'afar ɗan Abu Ɗalib ya gama bayani akan Annabi Isa da Nana Maryam, sarki ya taso ya ja layi a ƙasa da sandarshi. A nan Kawu sai ya sunkuyar da kai ya goge ido da bakin riga, daga bayan labule kaji ana kabbara ƙasa-ƙasa. Ba wanda ya buƙaci fassara, fuskar sarkin ta gama maganar.

Labarin da kanshi duk mun san shi a sira, shekara ta biyar da aiko Ƙuraishawa suka matsa wa Musulmi, Manzon Allah (SAW) ya ce su tafi Habasha akwai sarkin da ba a zaluntar kowa a wurinshi, Ƙuraishawa suka tura Amru ɗan As da kyaututtuka ya dawo da su, sarki ya ƙi. Sunanshi As'hama, kuma da ya rasu Annabi ya yi mishi sallar ga'ib a Madina. Na san akwai malamanmu da ba su yarda da nuna sahabbai a fim ba, kuma ina girmama wannan fahimtar, shi ma mai fim ɗin Moustapha Akkad, ɗan Siriya mazaunin Amurka, ya yi taka tsantsan bai nuna Annabi ba bai sa muryarshi ba. Ni dai abin da zan iya shaida shi ne yadda ya shiga zukatanmu muna yara.

Daren nan bayan yara sun kwanta na zauna da waya har kusan sahur. Sunan mutumin Earl Cameron. Ni a raina tun ina yaro na ɗauka Bahabashe ne ko ɗan Sudan, ashe ko a Afirka ba a haife shi ba. A Barmuda aka haife shi, wani ɗan tsibiri ne a tsakiyar tekun Atilantika ƙarƙashin Birtaniya, ranar 8 ga Agusta 1917, shi ne auta, mahaifinshi ya rasu yana ƙaramin yaro. Da ya tasa sai ya shiga aikin jirgin ruwa na fatake, ana zirga-zirga tsakanin Barmuda da New York, har jirgi ya kai shi Landan a 1939 daidai lokacin da yaƙin duniya na biyu ya ɓarke, hanyar komawa gida ta toshe. Saurayi ɗan shekara 22, baƙar fata, ba dangin iya ba na baba, ga sanyi ga yaƙi. Ya nemi aiki ana ta kora, daga ƙarshe wanke-wanke ya samu a otal, sanyi ya kama shi a ƙirji har ya kwanta asibiti. Ina karanta wannan ina tuna yaran da tirela ke saukewa a kasuwar Mile 12 ta Legas da asuba, ƙura har gashin ido, leda ɗaya a hannu da lambar wani ɗan garinsu a takarda, in an kira kuma ba ta shiga.

Shigarshi wasan kwaikwayo ma kamar wasa. Wani abokinshi yana cikin 'yan cika taro a wani wasan dandamali mai waƙe-waƙe, Chu Chin Chow, a farkon shekarun 1940, rannan wani bai zo aiki ba aka ce a samo baƙar fata ya tsaya a gurbinshi, aka kira Earl. Shi a lokacin gudun wanke tukwane yake yi, ba burin zama jarumi ba. Amma abin da ya burge ni da shi, da ya shiga bai tsaya a tsayuwar cika taro ba, ya je ya nemi malama ta gyara mishi harshe da murya. Malamar ita ce Amanda Ira Aldridge, 'yar Ira Aldridge, baƙar fatan Amurka da ya zo Ingila tun ƙarni na 19 ya yi suna a wasannin Shakespeare. Wato dai wannan muryar mai nutsuwa da muke ji a fadar Habasha, mai fita a hankali kamar ta dattijon da ba ya buƙatar ɗaga murya kafin a saurare shi, koyonta aka yi a gaban tsohuwa, ba daga sama ta faɗo ba. Ya zagaya har Indiya yana wasa ga sojojin Birtaniya, ya yi shekaru yana bin ƙananan gidajen wasa gari gari a Ingila kafin kyamara ta san da shi.

A 1951 aka buɗe mishi ƙofa. Kamfanin Ealing suka yi wani fim, Pool of London, darakta Basil Dearden, aka ba shi babban rol na Johnny, ma'aikacin jirgin ruwa ɗan Jamaika da jirginsu ya tsaya Landan na 'yan kwanaki, abokinshi farar fata ya jefa shi cikin rigimar lu'ulu'un sata bai sani ba, kuma a tsakiyar haka ya haɗu da wata baturiya mai sayar da tikiti suka shaƙu. Ana lissafa shi a matsayin fim ɗin Birtaniya na farko da ya nuna irin wannan shaƙuwa tsakanin baƙi da fara. Na kalli guntayenshi a YouTube, baƙi da fari ne hoton, kuma gaskiya soyayyar ma ba ta wuce tafiya tare da hira ba, amma ka kalli idon mutumin lokacin da ake mishi wulaƙanci a bakin ƙofa, ba ya zagi ba ya kuka, haɗiyewa yake yi, kuma kana ganin abin yana wucewa ta maƙogwaronshi. Na san wannan haɗiyar. Duk Bahaushen da ya zauna Legas ya san ta.

A ƙa'ida wanda ya yi irin wannan wasan ya kamata gobe a wayi gari furodusoshi na layi a ƙofar gidanshi. Ba haka aka yi ba, domin babu labaran da aka rubuta wa irinshi. Abin da ake da shi a lokacin fina-finan mulkin mallaka ne, turawa a daji da bindiga, baƙaƙe a gefe. To duk inda ake neman ɗan Afirka mai ilimi ko sarki ko soja sai a kira shi, mutumin da a Barmuda ya tashi. A Simba na 1955, lokacin da rikicin Mau Mau, masu tawaye ga mulkin turawa, ke ci a Kenya, ya fito a likita ɗan Kenya da turawa ke zargi 'yan uwanshi kuma ke ganin ya ci amana. Shekara ɗaya bayan haka a Safari shi ne kwamandan Mau Mau ɗin. Ya fito a fina-finan Tarzan, ya fito kyaftin ɗin soja a Guns at Batasi na 1964. Ba zan ɓoye ba wasu daga cikin waɗannan fina-finan in ɗan Afirka ya kalla yau ranshi ɓaci zai yi, domin da idon mai mulki aka ɗauke su, amma ban ga laifinshi ba ko kaɗan, mutum ne da iyali, abin da ke kasuwa shi ya saya, kuma ko a cikin labarin da aka rubuta don a ƙasƙantar da mu shi dai ba ya yarda ya fito wawa, a tsaye yake, maganarshi a daidai.

Wanda ya fi tsaya min a rai shi ne Sapphire na 1959, shekara ɗaya bayan tarzomar Notting Hill inda samarin turawa suka riƙa far wa baƙaƙe a Landan. An tsinci gawar wata ɗaliba kowa ya ɗauka baturiya ce, 'yan sanda suka aika a kira yayanta, sai ga Earl Cameron ya shigo ofis da kwat, likita ne, baƙi. Daga nan binciken ya juya, kowa ya fara fito da abin da ke cikinshi. Fim ɗin ya ci kyautar BAFTA ta fim mafi kyau na Birtaniya. Kuma ga wani abu da ya sa na miƙe zaune a kan tabarma, a cikin wannan fim ɗin da kuma Simba akwai ɗan Legas ɗin nan tamu, Orlando Martins, haifaffen 1899, wanda ya tafi Ingila tun yana saurayi ya yi kokawa ya yi wasan dandamali har ya fito tare da Ronald Reagan a The Hasty Heart na 1949, ya dawo gida ya rasu a 1985, kabarinshi yana maƙabartar Ikoyi. Unguwar da Kawu ya ƙarar da ƙarfinshi a bakin get, ya sha wucewa ta wurin a keke bai san wanda ke kwance ciki ba.

Sauran na talabijin suna da yawa ba zan bi su ɗaya ɗaya ba. A James Bond na 1965, Thunderball, shi ne Pinder mai taimakon Sean Connery a Bahamas, a 1966 kuma ya fito ɗan sama jannati a shirin Doctor Who, a zamanin da ko Amurka ba ta taɓa tura baƙar fata sama ba. Sai 1976 ya sa rawanin Habasha yana gab da shekara sittin. A Maroko da Libiya aka ɗauki fim ɗin, kuma sau biyu aka yi shi, na turanci da na larabci kowanne da 'yan wasanshi, mu na turancin ne ya fi yawo a hannunmu, mai Anthony Quinn a Sayyidina Hamza. Da na bi jerin sunayen sai na ga ashe rabin mutanen Makka na cikin fim ɗin 'yan wasan Ingila ne, wanda ya fito a Utba ma, Robert Brown, shi ne daga baya ya zama ubangidan James Bond. Bilal kuwa, wanda kiran sallarshi ke sa tsigar jiki tashi, sunanshi Johnny Sekka, a Dakar aka haife shi a 1934, shi ma ta jirgin ruwa ya bar gida har ya kai Ingila, kuma shi da Earl Cameron sun riga sun yi fim tare tun 1961, Flame in the Streets. Wato Bilal da Najjashi sun san juna a Landan shekara goma sha biyar kafin su haɗu a sahara.

Dole in faɗi wannan domin kar wani ya ɗauka daban, Earl Cameron ba Musulmi ba ne. A 1963 ya shiga addinin Baha'i kuma a kai ya rayu. Saboda wannan addinin ne ma a 1979 ya ajiye fim gaba ɗaya ya kwashi iyalinshi suka koma tsibiran Solomon can ƙuryar tekun Fasifik, ya buɗe sana'ar askirim, ya yi shekara goma sha biyar a can sai da matarshi ta rasu a 1994 ya dawo Ingila. Aƙidarmu ba ɗaya ba, wannan a fili yake, amma aikin da aka ba shi ya riƙe shi da amana, ya nuna mana sarki adali yadda har yau in an ambaci Najjashi a wurin tafsiri fuskarshi ce ke zuwa min, kuma na tabbata ba ni kaɗai ba.

Abin da ya hana ni barci a daren nan ba tarihin ba ne kaɗai. Ni gyaran waya nake yi a Ikeja, shekara takwas a teburi ɗaya. Akwai wata mata mai shagon kaya kusa da mu, mutuniyar kirki ce wallahi, ta sha aiko min da abinci, wayarta da ta 'ya'yanta ba mai taɓawa sai ni, rannan ta miƙo min wayar in canja mata gilas sai kira na ya shiga ina gwadawa, na ga yadda ta ajiye lambata, aboki da kalmar waya a gefe. Kalmar tamu ce, mai daɗi ce a bakinmu, amma a nan garin ta zama sunan duk wanda ya sa hula, mai shayi aboki, mai gadi aboki, mai canji aboki, mai wankin takalmi aboki. Kawu ya yi shekara ashirin yana buɗe wa mutane get, ya ɗauki 'ya'yansu a kafaɗa, ranar da zai bar aiki da aka zo rubuta mishi takardar sallama sai da aka leƙo aka tambaye shi cikakken sunanshi. Na daɗe ina jin ciwon wannan a raina, sai gashi 'yar shekara goma sha ɗaya ta nuna min ni ma abin da na yi wa wani kenan. Mutum ya sa kawuna kuka, ya sa iyayenmu mata kabbara, ya koya min siffar adalci tun ban san kalmar ba, ni kuma na bar shi a wannan baƙin sarkin.

Allah ya ba shi tsawon rai har ya ga wani abu da idonshi. Yana da shekara 87 aka gan shi a fim ɗin darakta Sydney Pollack, The Interpreter na 2005, tare da Nicole Kidman da Sean Penn, ya fito shugaban wata ƙasar Afirka ta ƙirƙira wanda ya fara a ɗan gwagwarmaya ya ƙare a azzalumi, kuma a cikin ainihin zauren Majalisar Ɗinkin Duniya a New York aka ɗauka, abin da ba a taɓa ba wani fim izini ba kafin nan. Ka ga tsohon da ya yi sarki adali ya dawo ya yi shugaba azzalumi, kuma duka biyun ka yarda da shi. A 2006 ya fito mai zana hoton sarauniya a The Queen, a 2010 kuma ga shi a Inception, fim ɗin da samarin shagonmu suka kalla ya fi sau biyar suna gardama akan ƙarshenshi, shi ne tsohon nan mai sanƙo a ɗakin ƙarƙashin ƙasa na Mombasa inda mutane ke kwance suna mafarki, maganarshi ba ta fi ta minti ɗaya ba. Na nuna musu na ce kun san wannan? Ba wanda ya gane, da na ce Najjashi ne sai kowa ya ajiye sukundireba ya matso. An ba shi lambar girma ta CBE a 2009, a 2012 Barmuda ta sa wa gidan wasan kwaikwayo na birnin Hamilton sunanshi, Jami'ar Warwick ta ba shi digirin girmamawa a 2013. Ya rasu ranar 3 ga Yuli 2020 a garin Kenilworth na Ingila yana da shekara 102, lokacin duniya na fama da korona, mu nan muna ta neman na abinci bayan kulle, labarin ko kusa da kunnena bai zo ba.

Bayan sallah na kira Kawu, ya koma gida Malumfashi tuntuni, ido ya yi rauni amma kunne garau. Bayan mun gaisa na tambayi jiki da mutan gida nace Kawu kun tuna sarkin Habasha na kaset ɗinku? Yace haba ɗan nan, wa zai manta da wannan dattijo. Nace to na samo sunanshi, Earl Cameron. Yace sake faɗi. Na sake. Ya maimaita a hankali sau biyu da irin turancinshi na Ikoyi, sannan yace Bahabashe ne ko? Na kwashe labarin na ba shi tun daga jirgin ruwa har wanke-wanken otal, ina jin numfashinshi a waya bai katse ni ba, da na zo wurin da ya kwanta asibiti a garin da ba shi da kowa sai naji yace Allah sarki, baƙunta. Ya tambaya ko yana raye nace ya rasu, shekara ɗari da biyu, yace ya bar baya? Nace ya bari. Ya ɗan yi shiru, can sai naji ya ƙwala wa jikanshi kira yace kawo biro da takarda, sannan yace min to faɗi baƙaƙen ɗaya bayan ɗaya yaron nan ya rubuta, kar in manta kafin gobe.